Takardun Shari'ar Kaka Sun Salwanta

Zuwa ga Yaya Sani,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka da kyau. Ya ƙarfin jiki, ya Yaya Hajara da yara? Mu nan Jidda sai godiyar Allah.

Yaya, labarin babu daɗi. Takardun Kaka Alƙali, waɗanda ya rubuta shari'o'in gado da na iyakar gona a cikinsu tun kafin a fara buga irinsu, sun salwanta. Da za mu tashi daga unguwar Nuzla zuwa unguwar Mahjar, ɗana Anas ya buɗe gafakar da suke ciki, ya ga tsohon rubutun hannu, kowane shafi da bisimilla. Ajami kuwa bai iya ba. Sai ya kwashe su ya zuba a akwatin masallaci, inda ake tara yagaggun shafukan Alƙur'ani don a ƙone. Na garzaya, ladan ya ce, "Halas, magana ta ƙare, Hajiya, an kwashe."

Anas ya ce, "Umma, tsoro na ji kada a taka sunan Allah."

A gaida kowa, a sa mu a addu'a. 'Yarka Amina mai karatun lauya, da na yi wa alkawarinsu, kai ka gaya mata, ni ba zan iya ba. Gafakar kaɗai ta rage.

Ƙanwarka,
Binta