Kwakwar Kuriyakos

Litinin, 3 ga Yuni
Kai da ka tsinci littafin nan kana leƙe, ka taɓa ganin bishiyar kwakwa ta yi shekara ashirin cikin yini ɗaya? Ni na gani yau. Maƙwabcinmu Kuriyakos ya cike fadamarsa da jar ƙasa, tipa arba'in, sannan ya sayo manyan bishiyoyi shida da saiwarsu, aka kafa su aka ɗaure da igiya. Wai idan malamin gona ya zo, ya ga tudu ne tun zamanin kakanni. Zauren biki zai gina. Hanyar ruwan gonarmu tana ƙarƙashin ƙasar nan.

Alhamis, 6 ga Yuni
Na karanta dokar fadamu sau uku a ɗakin karatun ƙauye. Duk gonar da ke cikin rajista ba a cike ta sai da izini. Tasa tana ciki, na ga lambarta da idona. A teburin mai shayi na ce wa Kuriyakos, "Kawu, kwakwar taka ta saba da wurin kuwa, ko har yanzu tana kewar gida?" Aka yi dariya. Ya kurɓi shayi ya ce, "Binoy, lauyan da bai gama aji takwas ba. Ka gai da babanka." Na kai ƙara.

Asabar, 15 ga Yuni
Ruwa kwana biyar. Dashen shinkafarmu ya nutse, ya fara wari.

Lahadi, 16 ga Yuni
Baba ya ji labarin ƙarar a bakin mutane. Bai yi faɗa ba, gara ma ya yi. Ya ture kwanon rogo da kifi ya ce, "Da ka tambaye ni tukuna." In tambaye shi me? Mutumin da ya ƙare rayuwarsa yana sauke zanen ƙugunsa ƙasa da gwiwa don ladabi in ya hango mai kuɗi.

Talata, 2 ga Yuli
Yanzu na san me. Lauyan Kuriyakos ya kai wa alƙali hotunan da aka ɗauka daga sama shekara tara baya. Inda ɗakinmu yake, shinkafa ce kore shar. Baba ne ya cike wannan kusurwar gonar da kwandon ƙasa, shi da Inna, shekarar da ambaliya ta cinye tsohon gidan. Ni ma na ɗauki kwandon. Na manta ne, ko ban so in tuna ba?
Sashen dokar da na ja wa layi da jan biro, shi aka karanta mana.

Juma'a, 19 ga Yuli
Malamin gona ya rubuta cewa filin Kuriyakos tsohon tudu ne, ga manyan bishiyoyi shaida. An ba shi izini. Namu kuwa babu ko inuwa, don haka sabon ciko ne. Za a sake aunawa ranar 30, in ya tabbata, mu rushe ɗakin mu mayar da fadama. Inna ta ce, "To, karatu ya yi rana." Ta ci gaba da tsintar shinkafa, ba ta ɗago ba.

Laraba, 24 ga Yuli
Akwai kwakwa biyu a bayan ɗakinmu yanzu, manya. Wani ɗan'uwan Inna ya ba mu, ni na haƙa ramin. Don inuwa ne kawai. Baba ya riƙe mini igiyar, ba mu dubi juna ba.
Ranar Lahadi akwai taron ƙauye, malamin gona zai zo. Zan miƙe. Ya tsaya gaban kowa ya faɗa da bakinsa: bishiyar da igiya ke riƙe da ita, shekararta nawa? In ya ce ashirin, ya rubuta mana haka mu ma. In ya ce wata biyu, ya faɗa Kuriyakos yana ji. Ya amsa a fili, ba a takarda ba.