Ruwa Ne Ya Matsa

Daga Uwaisu a Damagaram zuwa ga yayana Lado a Magama. Gaisuwa mai yawa. Ina lafiyar Inna, da matata Sakinatu da goyonta?

Bayan haka, ina raye, kada ku yi mini zaman makoki. Ranar da na tafi fadamar kakanmu ban ruwan albasa, sojan Faransa suka same ni ina tonon ruwa cikin yashin gulbi. Tafintansu ya ce, "Gulbi ne iyaka yanzu, duk mai noma a gaɓar arewa namu ne." Na rantse ni mutumin Katsina ne, suka ɗaura mini igiya. Wata uku ke nan muna ɗaukar duwatsun ginin bariki. Ana ba mu abinci, alhamdu lillahi. Ƙafata ce dai ta ɗan kumbura, kada Inna ta ji.

Yaya, don Allah ka kai Gwaggo Hajjo gaban hakimi tun tana iya magana. Ita kaɗai ta rage cikin waɗanda suka ga shekarar babbar ambaliya, da gulbi ya bar tsohuwar hanyarsa, ya ratsa tsakanin gari da gonarmu. Ta faɗa masa ruwa ne ya matsa, mu ba mu ƙaura ba. In hakimi ya aiko takarda, ƙila a sake ni. An ce kafin damina za a tura mu Agadas, kuma ban ga wanda ya komo daga can ba.

Allah ya bar zumunci. In takardar nan ta same ka da hantsi, Yaya, kada azahar ta yi maka a gida. Wassalam.