Ashe Tukunya Ce da Bututu

Dutse Alhaji, Abuja.

Zuwa ga jikata, amaryata Yusra,

Assalamu alaikum. Ina fatan takardar nan ta same ki lafiya a wannan ƙasa ta Rasha mai sanyi, Allah ya ƙara miki ƙwarin jiki da buɗin ƙwaƙwalwa. Mu nan lafiya lau, sai gwiwata da ta ƙi jin magani. Gwaggonki Zaituna ce ke rubutawa ina faɗa, na kuma gargaɗe ta kada ta gyara mini ko kalma ɗaya.

Shekara uku ke nan ban yi miki magana ba. Ranar da za ki tafi kin durƙusa a ƙofar shagona kina jiran in sa miki albarka, na rufe fuska da gilashin walda na ci gaba da aikina. Laifin ubanki ne. Mubarak bai taɓa zaunar da ni ya yi mini bayani ba, nukiliya kawai ya ce, ya shige motarsa ya tafi ofis. Ni kuwa abin da na sani game da ita a rediyo shi ne bam. Wane kaka ne zai sa wa jikarsa albarka ta je koyon ƙona gari?

To, ranar Talata mun wuni babu wuta, ƙofofi huɗu jingine ban taɓa su ba, sai rediyo ta ce ana shawarar kawo nukiliya cikin lantarkin ƙasar nan. Na fara zagi. Elvis, maƙwabcina mai gyaran firiji, ya yi ta dariya, ya ce Baba zo ka gani, ya nuna mini a wayarsa. Yusra, ashe tukunya ce! Wani dutse ke tafasa ruwa, tururi ya bi bututu ya juya inji, dare da rana ba ɗaukewa. Na sa ya maimaita mini sau uku. Bututu fa! Shekara arba'in ina haɗa bututu, babu wanda ya taɓa yoyo, amma a gidan nan ba a sami mai gaya mini jikata sana'ata ta gada ba. Janareta ya cinye mini kunnen hagu, kuma duk tsawon lokacin nan maganin abin yana hannunki.

Elvis ya ce abin na da haɗari in aka yi sakaci, kuma zai ɗauki shekaru. Na ce shi ya sa ba za a bar wa masu ha'inci ba.

Jiya uwarki Hadijatu ta ce mini wai kin ce in kin gama karatu, can za ki zauna, tunda kakanki ba ya son aikinki. Wannan magana ta hana ni cin tuwo. Ban ce na yi kuskure ba, an ɓoye mini ne. Amma ki dawo gida. Ko ban kai ganin wutar ba, ina so a ce jikar Bello mai walda ce ta kunna ta. Ki kuma tambayi malamanku da wace irin sandar walda suke haɗa bututun nan, ki rubuto mini.

Kakarki Mashkura na gaishe ki, da ƙannenki Muktar da Abdulmajeed. Ubanki ma, ko da yake ban gama da shi ba.

Yanzu na cire gilashin, Zaituna shaida ce. Allah ya yi miki albarka, ya kai ki ya dawo da ke.

Naki, tsohon mijinki,
Bello Mai Walda