Sunayen da Habu Ya Yanke Daga Waƙarka

Zuwa ga mahaifina, Baba Ɗanjuma mai gurmi,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan Allah Ya kai haske makwancinka, ƙara na kawo maka, ƙarar ɗanka Habu.

Baba, waƙarka ta masunta ta yi suna. Daga tashar Haɗeja har Birniwa babu wayar da ba ta ciki. Sai dai gutsurenta ne. Habu ya ɗauki amshin kawai, ya ɗora masa kiɗan kwamfuta, yara suna ta tiƙar rawa da shi a intanet.

Ka tuna ranar bikin kamun kifi a Guri? Kana zaune bakin ruwa, kana jero sunayen masuntan da kogi ya ci, gida-gida. Kakan ce, "Ba na ajiye gurmi sai na kira kowa."

To, sunayen nan Habu ya yanke, wai masoyansa sun ce suna kashe musu rawa. Mutanen da ba su taɓa hawa goran kamun kifi ba, su ke zaɓar masa abin da zai rera. Har shugaba gare su da sakatare. Da na yi magana a ƙasan bidiyon, suka yi mini ca, wai ni 'yar baƙin ciki ce. Ni da na goya shi! Wallahi abin ya ci mini rai.

Makon jiya aka gayyace shi biki a Guri. Inna Talatu ta zo da sandarta, matar abokinka Audu da ruwa ya tafi da shi. Ka san ba ta faɗin sunan mijinta da bakinta, a waƙarka kaɗai take jin sa. Ta zauna gaba ta kasa kunne. Habu ya yi amshi, ya maimaita, wayoyi duk a sama, ya sauka. Da na je ɗaga ta, sai ta ce ko kunnenta ne ya yi nauyi, ba ta ji an kira malam ba.

Na ja Habu gefe, na ce ya koma ya kira mata shi. Ba ƙi ya yi ba, Babana. Ya buɗe baki, baitin bai zo ba. Ya manta.

Ni na durƙusa na rera mata a kunne, da muryar nan tawa da kake yi wa dariya. Ta riƙe hannuna har na kai ƙarshe.

Allah Ya jiƙanka, Ya jiƙan Audu da duk waɗanda kake kira. Ni kuma Ya ara mini kwana har in samu mai karɓar sunayen nan daga bakina.

'Yarka,
Hajara