Shinkafar da Malama Luom Ke Nema

Can Tho, ranar Lahadi

Zuwa ga Yayana Yakob,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan alheri, ina fata kana lafiya, kai da iyali da Inna. 'Yata Sakiroh tana gaishe ku. Cikin ya yi nauyi, ungozoma ta ce sai ƙarshen wata. Na rubuto ne maimakon in kira, don wayar gidan tana kusa da shimfiɗar Inna, kuma ka san idonta ne ya tafi, kunnenta yana nan daram.

Ka san Sakiroh da mijinta suna son buɗe ɗan gidan abinci na halal, saboda baƙin Malesiya masu son ɗanɗana girkin mutanen Kinh, ƙabilar da ta fi yawa a ƙasar nan. Da yake ba ta iya doguwar tsayuwa, sai suka tura ni wurin wata mata da ke koya wa matafiya girki a bayan gidanta, bakin kogi. Na je ina jin nauyi, ga jika a hanya wai ni ce ɗaliba. Ɗaliban duk Turawa ne, ni kaɗai 'yar ƙabilarmu ta Cham mai lulluɓi. Na tafi da wuƙata da tukunyata saboda gudun alade. Ta dube su ta yi dariya, ta ce, "Yaya, koyo kika zo ko ƙwace mini aiki?"

Sunanta Luom, irin sunan da Kinh ke sa wa ɗan tsintuwa. Kifi ta koya mana a tukunyar ƙasa, da ƙonannen sukari da barkono. Wani Bature ya ƙona nasa ƙurmus, ta leƙa ta ce mini da harshen da ba ya ji, "Wannan ko karen maƙwabta sai an roƙe shi."

Da baƙin suka tafi na tsaya wanke tukunyata, sai na ga ta sauke wata tukunya daga murhun baya, da garwashi a kan murfinta. Ta buɗe, ta ɗaga ganyen ayaba. Shinkafa ce rawaya da zabibi, Yaya. Irin tamu ta ranar Sallah.

Ta zuba kwanon farko ta kai teburin magabatanta. Akwai hoton tsoho da tsohuwar da suka rene ta, a gefe kuma wani firam babu hoto a ciki. Gabansa ta ajiye kwanon, ta kunna turare. Ta ce yau ce ranar tunawa da uwar da ta haife ta. Ba ta san ranar mutuwarta ba, sai ta ɗauki ranar da aka tsince ta. Ta ce shekarar da sojoji suka tsallako iyaka mutane suka gudu ta ruwa, wata mata ta miƙa ta daga kwalekwale zuwa kwalekwale, sai ruwa ya raba su. Ba ta tuna fuska, ba ta tuna suna. Shinkafar nan kawai take tunawa.

"Kowace shekara ina dafa mata," in ji ta, "amma ƙamshin ya ƙi fitowa. Ina jin shi ya sa ba ta taɓa zuwa mini ko a mafarki ba."

Na tambaye ta da wane mai take soya ta. Ta ce man alade, kamar kowa. Ta miƙo mini, na ba ta haƙuri. Ita ta zauna, ta ture tsinkayen cin abinci gefe, ta ci da yatsu uku na dama.

Ban faɗa mata abin da ke raina ba, don ban sani ba, kuma ina tsoron in faɗi abin da ban sani ba. Amma ƙanwarmu Saroh tana da shekara huɗu ranar da kwalekwalenmu ya fara shan ruwa Inna ta miƙa ta. Tun jiya in na rufe ido firam ɗin nan nake gani.

Ka gaya mini abin da ya kamata. Allah ya ƙara wa Inna lafiya.

Ƙanwarka,
Rohima

Chau Giang, Laraba

Rohima,

Wa alaikumus salam. Muna lafiya, sai kifin da muke kiwo a keji cikin kogi da ke mutuwa saboda ruwa ya yi ɗumi.

An tura ki koyon miya kin dawo da ƙanwa. Wace mace ce a ƙauyen nan ba ta ɗora garwashi a kan murfi? Wane ɗan Cham ne ba ya ci da hannu? Na yarda matar nan jininmu ce. Amma gida nawa ne suka rasa yaro a shekarar nan? Daga masallaci zuwa mashigar jirgin fito kaɗai zan nuna miki gidaje har ki gaji.

Ko kin manta matar nan ta garin Long Xuyen? Ita ma an ce goshinta irin na Baba ne. Ni na ɗauki Inna a bayan babur, ni na dawo da ita. Damina guda ta yi tana kallon bango, ba ta taɓa masaƙa ba. Lokacin tana da ƙarfi ke nan. Yanzu cokali ma da ƙyar. Ta riga ta binne Saroh a zuciyarta, tana yi mata addu'a cikin matattu, kuma ta samu barci. Kada ki tono mata.

Kuma a ce ita ce ɗin. Me za ki kawo wa Inna? 'Yar da ke kunna wa firam turare tana dafa mata abinci da man alade? Ita kanta matar, kin tambaye ta ko tana son a canza mata matacciyar uwa da rayayya makauniya?

Ki gama koyon kifinki, ki riƙe wa Sakiroh hannu, ki dawo gida. Ki taho mini da maganin ƙafa irin na wancan karon.

Yakob

Can Tho, Asabar

Zuwa ga Yayana Yakob,

Assalamu alaikum. Na gode da amsarka. Na karanta ta sau da yawa, kuma ban sami inda ka yi kuskure ba. Maganin ƙafar yana tare da wannan takarda.

Na koma aji, don an riga an biya. Na yi niyyar in kama bakina, amma abu ɗaya ya tsaya mini: mace tana neman ƙamshin uwarta, ni kuma na san shi. Ɓoye wannan ban ga halaccinsa ba. Sai na kai mata man shanu a 'yar kwalba, na ce ta gwada da shi, a sabuwar tukunya.

Da man ya narke ta zuba shinkafar, sai ƙamshin ya tashi. Ta daɗe riƙe da ludayi. Can ta zauna a ƙasa, ta ce, "Akwai katako a ƙarƙashina, ina ganin ruwa ta tsakaninsa." Na sani, duk gidajenmu haka suke, a kan ruwa aka kafa su.

Bayan ta wanke fuska ta dawo da bakinta na kullum. "Yaya, ashe ke ce malamar, ni ina karɓar kuɗinki a banza. Wa ya koya miki?" Na ce uwata. Ta ce tana raye? Na ce tana raye. Ta ce to ita ma za ta yi tafiya ta zama ɗaliba sau ɗaya a rayuwarta, in tsohuwar za ta karɓe ta.

Ban yi mata alkawari ba, na ce sai na tambayi babban wa. Ba na roƙon a gaya wa kowa komai. Baƙuwa ce za ta zo koyon shinkafa ta tafi. Amma Yaya, in ita ce, uwa tana mata addu'ar matattu, ita tana kai wa uwa abincin matattu, kogi ɗaya tsakaninsu. Na kasa cin abinci da wannan tunani.

Hukunci naka ne. Allah ya yi mana zaɓi.

Ƙanwarka,
Rohima

Chau Giang, Litinin

Rohima,

Salam. Na yarda ta zo. Amma ki yi mini alkawari ba za ki ambata mata sunan Saroh ba, ni ma ba zan ambata wa Inna ba. Ki ce mata ta bar tukwanenta a gida.

Yakob

Chau Giang, Lahadi

Rohima,

Salam. Malamarki ta zo ta tafi. Ta iso da hantsi, da kwandon lemo da baki kamar rediyo. Tun a tsani ta ce mini, "Kai ne babban wan da ake tsoro? Na zaci za ka fi haka tsawo." Na ce ta jira ta ga tsawon bakina.

Na gaya wa Inna baƙuwa ce daga Can Tho, ƙawarki, tana son koyon shinkafa. Inna ta ce a zaunar da ita kusa da murhu. Ta kama hannuwan matar tana lalubawa, wai tana duba ko hannun girki ne. Ta jima tana dubawa, har na ce, "Inna, shinkafa za a dafa, ba awon zobe ba." Ba ta kula ni ba.

Ta koya mata da faɗa, kamar yadda ta koya miki. Ta ce ta cika gaggawa, ta ce zabibi ba tsakuwa ba ne da za a watsa. Da wuta ta yi yawa Inna ta manta, ta ce da harshenmu a janye icen. Matar ta janye kafin in fassara. Wataƙila hannun Inna ta ga yana nuni. Ni ina kallon tukunya, ban gani ba.

Suna ci Inna ta tambaye ta wa take dafa wa. Matar ta faɗi komai, har firam ɗin. Inna ta ci gaba da taunawa a hankali, sannan ta ce, "Matattu ba sa cin shinkafa, 'yar nan. In kin dafa ki aiko mini, ni ina da sauran haƙora."

Matar ta yi dariya, Inna ma ta yi. Shi ke nan. Da ta tafi Inna ta ce in juya mata shimfiɗa ta fuskanci ƙofa. Ba ta yi kuka ba, ta ci abincin yamma. Ban tambaye ta komai ba. Ke ma in kin dawo kada ki tambaye ta.

Maganin ƙafar bai yi ba.

Yakob

Can Tho, Talata

Zuwa ga Yayana Yakob,

Assalamu alaikum. Sakiroh ta sauka lafiya jiya da safe, mace. Ka gaya wa Inna.

Malama Luom ta zo barka. Da na rako ta bakin hanya ta tsaya, ta ce, "Yaya, tsohuwar nan 'ya'yanta nawa?"

Na yi maka alkawarin suna, na kuma riƙe shi. Amma ƙarya ban iya ba. Na ce uku.

Ba ta tambayi na ukun ba. Ta gyara hularta ta ce ɗalibai suna jiranta. Ta yi nisa kaɗan sai ta juyo, ta ce ranar Juma'a za ta dafa shinkafar, kuma ba za ta ba direba ba, don direbobi ba su san riƙon tukunya ba.

Ka je mashigar jirgi ka tarye ta.

Wassalam. Ƙanwarka,
Rohima