Waƙar da Ka Saka wa Inna a Waya

Zuwa ga Yaya,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kana lafiya, kai da Anti da yara. Allah ya ƙara lafiya, ya yi wa nema albarka. Mu nan lafiya lau, sai bayan Baba da ke tashi duk ranar da aka ce ya gyara ƙofa.

Ka tuna waƙar nan da ta cika gari shekarar da ka tafi, wadda ta yi ta zuwa ta ɗaya a rediyo, Baba yana cewa mawaƙin kamar an taka masa yatsa? Kai ka saka wa Inna ita a waya, ka ce duk lokacin da ta ji ta, kai ne kake kira. To, ka bar mana aiki. Mai askin da ke jikin gidanmu ya samo waƙoƙin shekarar kaf, yana sakin su tun safe, kuma taka ya fi so. Da waƙar ta tashi sai Inna ta yar da abin da ke hannunta ta yi ɗaki a guje, matar da ke cewa gwiwa ta hana ta sunkuyawa. Ta ƙona tukunya, ta bar famfo a buɗe, ran nan ma ta bar baƙi a tsakiyar gaisuwa. Baba ya fita a fusace zai ja wa mai askin kunne, ya dawo da sabon aski yana rera amshin ƙasa-ƙasa.

Na ce ta kawo wayar in canza mata sauti, sai ta ƙanƙame ta, ta ce, "In kin canza, ta yaya zan san shi ne?"

Mun sha dariya, Yaya, amma jiya abin ya daina ba ni dariya. Waƙar ta tashi tana ninke kaya, ko kai ba ta ɗaga ba, ta ce, "Ƙyale, mai aski ne." Rabonka da kira an jima. Don Allah ka kira ta, waƙar nan ta fito daga wayarta ko sau ɗaya, tun kafin ta saba da zama.

Baba da Kawu suna gaishe ka. Ka gaishe mini da Anti, ka shafa kan yara.

Ƙanwarka,
Auta