Wa Ya Biya Kuɗin Dogo

Litinin, 7 ga Oktoba 2024

Babi na uku na digirina ya ƙi ƙarewa. Yini na yi a laburare kan takardun Turawan mulki. Bashi suka ciwo a Landan suka shimfiɗa dogon jirgin ƙasa, harajin talaka ya yi ta biyan ruwan, da za su tafi suka bar mana ragowar. Raina ya ɓaci, ko shayin karak na kasa sha.

Laraba, 9 ga Oktoba

Na yi ɓaranɓarama. Na kira Baba a Zariya, na ce ina cikin jirgin Metro, sai ya kama tsohon karatunsa: shekara talatin yana aikin reluwe, Bature ya yi mana gata. Na ce, "Baba, wane gata? Ku dai an yi muku wayo ne kuna tafi." Ya ce Allah ya ba da sa'a, ya kashe.

Jumma'a, 11 ga Oktoba

Kira huɗu, bai ɗauka ba.

Talata, 15 ga Oktoba

Na kasa zama. Na taka har unguwar Najma cikin wannan zafi na ƙasar Larabawa, ban sayi komai ba na dawo. Adijatu, 'yar Kumasi da muke ɗaki ɗaya, ta ce, "Ke Rukayatu, kin ci tsoho da boko, yanzu kina zagaye kamar kaza mai ƙwai. Yalla, maza ba shi haƙuri, khalas, shi ke nan." Haƙurin me? Ƙarya na yi? Amma shekararsa tamanin da ɗaya. Tsoro nake ji, wallahi.

Asabar, 19 ga Oktoba

Shi ya kira. Ko gaisuwa bai bari na gama ba. Wai ina tsammani su ba su san wa ya biya kuɗin dogo ba? Ashe kakansa na cikin waɗanda aka ɗiba ƙarfi da yaji haƙar dogon, ya dawo da ƙugu a karye, a shekarar kuma aka zo karɓar haraji. "Sau biyu muka biya. Shi ya sa ban taɓa barin ƙusa ɗaya ta kwance ba, namu ne. Gatan Bature kuwa, me kike so in faɗa wa yara?"

Ban taɓa tambayarsa ba. Ko sau ɗaya.

Lahadi, 20 ga Oktoba

A babin, akwai inda na rubuta cewa talakawa ba su san abin da ake biya da guminsu ba. Na goge. Dama shafin ya yi tsawo.

Gobe bayan la'asar zan kira Baba, ya ce in tanadi biro.